Ƙafa Ɗaya a Cikin Ruwa

Ni na iya gudu. Ba cika baki nake yi ba, abin da Allah ya ba ni ke nan, kamar yadda ya ba wani murya, wani kuma hannun ɗinki. Tun ina ƙarami in aka aike ni sayen gishiri, kafin Inna ta gama jajjaga attarugu na dawo. Tsalle kuwa koyonsa na yi, kuma Baba ne malamina, Allah ya ji ƙansa, ko da yake bai san abin da yake koya mini ke nan ba.

Gidanmu yana wani ƙauye a bayan masana'antun Challawa. Tsakaninmu da bakin titi akwai lambatu uku da ruwan kamfanonin jima yake bi. Ruwan nan ba ya kwana da launi ɗaya. Yau shuɗi, gobe ja-ja, jibi baƙi da kumfa a kai, warinsa kuwa har a harshe kake jin sa. Baba ya yi shekaru yana aikin jiƙa ƙirgi a ɗaya daga cikin kamfanonin, a zamanin da ba kowa ya damu da sa takalmin roba ba, sai ruwan ya cinye masa ƙafafu. Faratansa suka zube, fatar ta yi fari-fari ta daddare, tsakanin yatsun kuma ba ya rabuwa da miki. A hankali yake tafiya, cikin silifas ɗin da Inna ta yi wa shimfiɗar tsumma.

Saboda haka doka ɗaya ce a gidanmu, kuma ba a ɗaukaka ƙara. A zaure akwai buta da sabulu, kusa da tabarmar Baba. Duk wanda ya dawo daga waje, kafin ya shiga cikin gida sai ya tsaya.

"Nuna ƙafa," in ji Baba.

In ya ga alamar danshi, ko ɗigo ne, sai ya zaunar da kai ya wanke maka da hannunsa, yatsa bayan yatsa, yana faɗa tun daga farko har ƙarshe. Wankin ba shi da zafi, faɗan ne ba ya ƙarewa. Don gudun faɗan nan na koyi tsallake lambatu tun ƙafata ba ta kai ba. Na san inda zan ɗauko gudu, na san inda zan taka, na san yadda zan dira can nesa da baki. Na girma har na fara gemu ban taɓa barin ruwan kan hanya ya taɓa ni ba, ko na sama ne da ya kwanta a rami.

Da na samu aiki a wani kamfanin robobi a Sharada, inda muke buga bokitai da kujeru, sai na ga babu dalilin da zan zauna a cikin a-daidaita-sahu a bayan tirela ina shaƙar hayaƙi alhali ƙafafuna suna nan. Kullum sai in ɗaura kayan aikina a baya in fita da gudu. Lambatu, tarin duwatsu, igiyar da 'yan lodi suka miƙa a hanya, duk abin da ya tare ni sai in haye shi in wuce.

Mai gadin ƙofar kamfaninmu tsohon ɗan sanda ne, kowa yana ce masa Saje. Ya yi zaman bariki a Bompai, ya kuma yi wa 'yan sanda gudu a ƙuruciyarsa. Dogo ne siriri, ba ya dariya sai in kai ne abin dariyar. Wata safiya na tsallake kwalbatin bakin ƙofa na dira a gabansa, sai ya tare ni da sandarsa.

"Kai samari, wa ke bin ka?"

"Ba kowa, Saje."

"To me ka sato?"

Na ce aiki na zo. Ya dube ni daga sama har ƙasa, ya tambayi daga inda na taso. Da na ce Challawa sai ya sa yatsa biyu a wuyana, yana kallon agogonsa. Daga nan ya ce in an tashi in same shi, akwai maganar da zai yi da ƙafafuna.

Da yamma ya zana mini abin a ƙasa da sandarsa. Akwai wani tsere, in ji shi, na mita dubu uku, zagayen fili bakwai da ɗori. A kan hanya an gitta shingaye na gungumen katako, tsayinsu ya kai ƙugun mutum, kuma ba irin waɗanda ake ture su su faɗi ba ne, in ka buge su kai ne za ka faɗi. Sau ashirin da takwas za ka haye su a busasshiyar ƙasa. Sau bakwai kuma za ka haye wanda ramin ruwa yake bayansa. Ya faɗi sunan tseren da Turanci, har yau bai zauna a bakina ba. Mu dai gudun ramin ruwa muke ce masa.

"Masu gudu suna tsoron shinge, masu tsalle ba su da numfashi," in ji Saje. "Kai kuma ga ka nan kana ɓarnatar da duka biyun a hanyar zuwa buga bokiti."

Matsalar ita ce aikinmu juyi ake yi, mako guda da rana, mako guda da dare, awa goma sha biyu a tsaye gaban inji. Mai wannan aiki ba ya atisaye, barci yake nema. Saje ya ja ni har gaban manajan sashenmu ya yi ta zuba bayani. Manaja ya saurara, ya ce ya yarda a bar ni a aikin safe zuwa ranar da za a zaɓi 'yan wasan jiha. Mutum biyu ake ɗauka a wannan tseren. In ina cikin biyun, aikin safe ya zama nawa, don kamfani ma zai so a ce ɗansa ne. In ba na ciki, in koma juyi kamar kowa, kada kuma wani ya sake zuwa masa da maganar gudu. Na ce na amince, ko gezau ban yi ba. A raina na riga na gama zaɓar kaina.

A bayan katangar kamfani akwai wani fili da ba a gina ba. Kafintan kamfani ya haɗa mana shinge da ragowar katako, muka kuma haƙa rami a bayansa, mai zurfi a gindin shingen, yana tasowa a hankali har ya haɗe da ƙasa. Tsawonsa ya kusa taku huɗu na babban mutum. Da na tambayi ruwa, Saje ya ce wa zai yi ta ɗebo ruwa kullum ƙasa tana shanyewa, sai muka zuba yashi. Ya koya mini in taka kan shingen da ƙafar dama, in sunkuya, in tura jikina gaba, in dira da ta hagu a wajen ƙarshen ramin, ta dama kuma ta fice waje in ci gaba da gudu. A kan yashi na iya wannan cikin kwana uku. Har Saje ya ce bai taɓa ganin mai saurin ɗauka irina ba, ya kuma yi nadamar faɗa, don na riƙa tuna masa.

Saura mako uku a zaɓi 'yan wasan jiha aka shirya wata ƙaramar gasa a filin wasa na cikin gari. Saje ya ce mu je in ɗanɗana. Ranar na fara ganin ramin gaske. Ruwan ya kwana biyu a ciki, ya yi kore-kore, ga ɗan ganye yana yawo a kai. Ban ji tsoro ba, ban ma yi tunanin komai ba. Aka harba bindiga muka tashi, na shiga gaba abina. Da na iso ramin na taka shinge, na leƙa ƙasa, sai ƙafata ta yanke hukunci ba ta shawarce ni ba. Na tura da dukkan ƙarfina, na tashi sama, na haye ramin gaba ɗaya na dira a busasshiyar ƙasa da ƙafa biyu.

'Yan kallo suka ɗauki tafi. Wani ya ce, "Sai kai, mai fiffike." Ni kuwa daɗi ya kama ni. A zagaye na biyu na ƙara tashi, na uku ma haka, har ina ɗan jiran tafin. Sauran ina jin su a bayana suna faɗawa ruwa facal-facal, ina cewa a raina waɗannan ba a koya musu tsabta ba a gida.

A zagaye na biyar cinyoyina suka fara yi mini gardama. A na shida suka daina amsa sallama. Waɗanda nake wa dariya suka riƙa wuce ni ɗaya bayan ɗaya, takalmansu suna tsiyaya. Na haye ramin a karo na bakwai da ƙyar, na dira a gwiwa, na tashi na ƙarasa kusa da na ƙarshe.

Ina kwance a ciyawa ina haki Saje ya zo ya tsaya a kaina.

"Mu ga takalminka."

Na ɗaga masa ƙafa. Ya shafa kambas ɗin, ya dubi tafin hannunsa.

"A bushe," in ji shi.

Wallahi na ɗauka yabo ne. Na ce, "Ko ɗigo, Saje."

"Je ka duba na wanda ya zo na ɗaya. In ka matse shi za ka cika buta." Ya tsuguna kusa da ni. "An ce maka kyautar tsabta ake rabawa? Duk tsallen da ka yi ka haye ramin nan, ƙarfin rabin zagaye ka zubar. Ka dira da ƙafa biyu, ka tsaya, ka sake ɗauko gudu daga farko. An yi ramin ne don a taka shi. Ƙafa ɗaya a ruwa, ɗaya a waje, shi ke nan."

Na ce na gane, kuma da gaske na gane. Ni ba mai taurin kai ba ne a kan abin da ya fito fili. Washegari muka kwashe yashin, muka shimfiɗa leda mai kauri, abin da ba a rasa ba a kamfaninmu, muka jawo tiyo daga rijiyar burtsatse muka cika ramin. Ruwa garau, kana ganin ƙasan ledar. Na ɗauko gudu, na taka shinge, na ce wa kaina yanzu za ka taka ruwa. Sai ga ni a can waje, a bushe.

Na sake. Na kuma sake. Kaina ya yarda, ƙafar ta ƙi. In na matsa mata sai in daskare a kan shingen kamar zakara a kan katanga, ko in yi wani karkataccen tsalle in faɗa gefe. Saje ya lallashe ni, ya zage ni, ya sa na cire takalmi na shiga ramin da tafiya. Da tafiya ina shiga lafiya lau, har in tsaya a ciki. Amma in da gudu na zo, na leƙo ruwa daga sama, shekara ashirin na tsallake lambatu ne suke karɓe ragamar. Mako guda ya wuce a haka.

"Aljani ka gani a ciki?" in ji Saje. "Faɗa mini in nemo mai ruƙiyya."

Kunya nake ji, kuma tsoro ya fara shigata, karo na farko tun da aka fara maganar nan. Na fara hango kaina a gaban inji a makon dare, gudu ya zama labarin da zan riƙa ba abokan aiki.

Ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci na dawo gida, na tsaya a zaure na nuna ƙafa kamar kullum. Baba ya duba, ya ce in zauna. Ya ce kwana biyu yana ganin fuskata kamar wanda aka yi wa rasuwa aka hana shi faɗa. Sai na kwashe duka na gaya masa: shingen, ramin, manaja, mutum biyun da ake ɗauka. Ban ce laifinsa ne ba, amma Baba ba yaro ba ne. Ya daɗe yana kallon ƙafafunsa.

"Wane irin ruwa ne?"

"Na burtsatse ne, Baba."

"Uhm," in ji shi. Sai na tashi na shiga ciki.

Ranar Asabar da la'asar muna bayan katanga ni da Saje, na riga na haye ramin a bushe sau huɗu, sai ga a-daidaita-sahu ta tsaya a bakin filin. Baba ya sauko. Rabonsa da fita unguwa in ba masallaci ko asibiti ba har na manta. Ya tako a hankali, ya yi wa Saje sallama, suka gaisa kamar sun san juna. Bai kula ni ba. Ya wuce bakin ramin ya tsuguna, ya ɗebo ruwan a tafin hannu, ya shinshina, ya murza shi tsakanin yatsu, ya ɗan taɓa a harshe. Wannan mutum ne da in ya ji warin ruwa zai gaya maka abin da aka zuba a ciki.

Sai ya miƙe ya tuɓe silifas ɗinsa. Na ga Saje ya kalli ƙafafun nan. Baba ya naɗe wandonsa ya taka cikin ramin ta wajen da ba zurfi, ya matsa gefe guda, ruwan ya rufe masa idon sawu.

"Ni na hana ka ruwa," ya ce da ni, "amma ban ce kowane ruwa ba. Wannan ko alwala ka yi da shi. Je ka taho."

"Baba, ku fito, kada in buge ku."

"In ka buge ni ka ji da uwarka. Je ka taho, ka dira nan kusa da ni."

Na koma baya na ɗauko gudu. Da na taka shingen na leƙa ƙasa, ba ruwan na fara gani ba, ƙafafun Baba na gani a cikinsa. Na tura gaba yadda aka koya mini a kan yashi. Ƙafar hagu ta faɗa ruwa, sanyinsa ya shiga takalmina, ta dama ta fice waje, na tsinci kaina ina gudu ban tsaya ba. Da na waiwaya, rigar Baba ta jiƙe har ƙirji, yana share fuska da hularsa.

"To, ka mutu?" in ji shi.

Na ce ban mutu ba. Ya ce to in sake. Sau goma na yi a ranar yana tsaye a ciki. A na sha ɗaya ya fito ya zauna a kan benci, na yi ni kaɗai.

Ranar zaɓe mu goma sha wani abu ne a layi, amma biyu na sa wa ido: wani ɗan sanda da kowa ya san shi ne gwani, da wani ɗalibin jami'a mai dogayen ƙafafu. Saje ya ce kada in shiga gaba, in manne a bayansu in bar su su sha iska. Na hango Baba a kan matakalar 'yan kallo, a layin ƙasa, da wata baƙar leda a cinyarsa. Wannan ne zuwansa filin wasa na farko.

Ramin gaske yana nan da koren ruwansa. A zagayen farko na ji ƙafar tana son ta yi halinta, na ji ƙarfin nan yana taruwa a cinya. Na sunkuyar da kai na tura gaba maimakon sama. Facal. Na fice. Wani daga cikin 'yan kallo da ya tuna ni ya ce, "Mai fiffike, yau ba ka tashi?" Ban ko kalle shi ba. Wancan tafin na riga na san abin da yake ci.

Ɗan sandan ya tsere mana a zagaye na biyar, ban bi shi ba, don ba shi na zo nema ba. Saura ni da ɗalibin, yana gabana da taku uku. Aka kaɗa ƙararrawar zagayen ƙarshe, na ji cinyoyina, suna nan, suna amsawa. A ramin ƙarshe shi ya fara hawa, amma ya gaji, bai tura da kyau ba, ya faɗa wajen zurfi da ƙafa biyu. Ni na taka, na sunkuya, na dira da hagu a gefensa, na fice na bar shi yana fitowa. Shinge ɗaya ya rage, na haye shi kamar lambatun ƙofar gida. Na zo na biyu, kuma biyu ake ɗauka.

Saje ya iso yana ɗingishi don sauri. Ya kama takalmina na hagu ya matse, ruwa ya tsiyaya ta tsakanin yatsunsa, sai na ga haƙoransa duka a waje. Ya ce ranar Litinin shi da kansa zai kai wa manaja wannan takalmin ya ɗora masa a kan tebur.

Ina zaune a ciyawa mutane suna ta zuwa suna ba ni hannu, sai na ga sun dare. Baba ne yake tahowa a hankali da ledarsa. Wani alƙalin wasa ya so ya tare shi, Saje ya ɗaga masa hannu. Baba bai ce sannu ba, bai ce ka yi ƙoƙari ba. Ya tsuguna a gabana da ƙyar, ya kwance ledar, ya fito da butar zaure da sabulu.

"Nuna ƙafa."

"Baba, ai ku kuka ce ruwa ne."

"Na Sharada na ce. Wannan ban shinshina ba."

Ga ɗan sandan da ya zo na ɗaya yana kallo, ga ɗalibin, ga alƙalai da takardunsu. Ni ƙato da gemuna, wanda aka zaɓa yanzun nan ya wakilci jiha. Na zaci zan ji kunya, amma ban ji ba. Daɗi na ji. Na cire takalmi na miƙa masa ƙafa. Ya zuba ruwa, ya goga sabulu, ya bi tsakanin yatsun ɗaya bayan ɗaya, ya danna kowane farce ya ga yana nan daram. A karo na farko a rayuwata ya wanke mini ƙafa bai yi faɗa ba.

Ta hagu ce ta shiga ruwa, amma duka biyun ya wanke.